Nawa Aka Sallama?

Ranar da muka yaye rufin ɗakin Baffa don sauya azara,
sai ga adaka a bayan buhunan ƙaiƙayi,
kwaɗonta ya ci tsatsa har ya manta makullinsa.
Na sa guduma.
Babu kuɗi, babu takardar gona,
littattafan zane ne, arba'in ba biyu,
irin waɗanda magana ke fita bakin mutum cikin kumfa,
wani dogo a kan keke yana bin ɓarayin shanu
tun daga lamba ɗaya har talatin da tara.

Hansatu 'yar ƙanena ta zo hutu daga Dutse.
Ta ce, "Baba Talle, kar ka ba mai ƙosai.
Akwai masu tara su."
Ta hau turmi, inda waya ke kamawa,
ta ce wani ya sa wa guda ɗaya dubu arba'in.

Na yi dariya har na ƙware.
Shekara talatin ina awon gyaɗa a Gujungu,
na san akuya farashi uku gare ta:
na bakin mai ita,
na bakin mai taya,
da wanda aka ƙirga a tafin hannu bayan an ce albarka sau biyar.
Na ce, "Bar sunan da ya sa. Nawa aka sallama?"

Ta ja layi a bayan littafin lissafinta.
Ciniki goma sha ɗaya ta samo, da wata da shekara.
Na ce ta soke na sama,
wannan ba takarda ya saya ba, ƙuruciyarsa ya fanso.
Na ce ta soke na ƙasa,
wannan daga gani akwai mara lafiya a gidansa.
Abin da ya rage muka jera kamar tsibin dankali,
muka ɗora yatsa a tsakiya.

Sannan aka zo ragi.
Gara ta ci kusurwa, cire kashi ɗaya cikin huɗu.
Tabon manja a fuskar ɓarawo, cire.
Inda Baffa ya rubuta bashin taki da ajami a gefen shafi,
ta dube ni, ta ce, "Shi ma ragi ne."
Na ce rubuta.
Kasuwa ba ta san Baffa ba.

Lamba talatin da ɗaya ta fi kowacce daraja,
fes, ko ninki babu,
don a shekarar ne idonsa ya tafi,
ya saya bisa sabo, bai buɗe ba.
Ashe wanda ba a so da hannu ba
shi ne mai tsada.

"Da sun cika," in ji Hansatu, "da kuɗin ya ninka uku.
Ina sha bakwai?"

Na san inda take.
Ni na sace ta ina ɗan shekara tara,
na ara wa Ilu a bakin rijiya, kwana biyu,
yau shekara arba'in da ɗoriya.

Da la'asar na ɗauki keke zuwa maƙerarsa.
Bai musa ba.
Ya zaro ta daga cikin gafaka, a naɗe da leda,
bangon ya yi laushi kamar tsohuwar naira.
Ya ce, "Ai jikana ma yana da waya.
Na san cikon tsada gare shi.
Nawa ka taya?"

Muka zauna kan kututture, zugazugi ya huce.
Na taya, ya ce albarka.
Na ƙara, ya ce albarka.
Can ya buɗe inda kekensa ya faɗa kwazazzabo,
muka haɗa kai, tabarau ɗaya tsakaninmu.
Har aka kira magariba ba a sallama ba.
Layin Hansatu na sha biyu yana nan babu komai.