Mutum Biyu a Aljihu Ɗaya

Ranar Talata, a kasuwar riɗi ta Gadarif,
na sunkuya zan ɗaure bakin buhu,
na miƙe, aljihuna ya yi sakayau.
Kuɗin ciki ba su kai na facin taya ba,
sai dai ɓarawon ya haɗa da ni kaina:
katin ɗan ƙasa, lasin tuƙi,
da hoton da aka ɗauke ni
tun gemuna bai san furfura ba.

Shekara ashirin da uku ina hanyar Madani,
na san ramukanta kamar giɓin bakina,
amma ɗan sandan shinge ba ya karanta ƙwarewa,
takarda yake karantawa.

A caji ofis aka ce in faɗi yadda aka yi.
Na ce da na san yadda aka yi, ai da ba a yi ba.
Mai rubutu bai ko murmusa ba.
Ya buga hatimi, ya ce gobe.

Gobe ta haifi jibi, jibi ta haifi gata.
Na zama ɗan gida a gindin darbejiyar ofis
inda Hajja Rakiya ke dafa gahawa mai citta,
har ta daina tambayata sukari nawa.

A taga ta uku, saurayi mai tabarau ya ce,
Sunanka, har kakan kaka.
Na ce Tukur Hamidu Gambo Ɗandare.
Alƙalaminsa ya yi tuntuɓe a na huɗun.
Wannan daga ina?
Na ce daga yamma, a ƙafa, da niyyar Hajji.
Guzuri ya ƙare masa a nan,
ya ce bari ya noma dawa damina ɗaya.
Damina ta bi damina.
Yana bayan unguwarmu yanzu, fuskarsa na kallon inda bai kai ba.
Saurayin ya ce, Kawo shaida.

Na ɗauko Baffa Gwadabe,
kunne ɗaya ya tafi, ɗayan yana ɗaura kaya.
Aka ɗaga murya: Ka san wannan mutumin?
Ya dube ni kamar an tambaye shi ko ya san gishiri.
Ni na yanka ragon sunansa, in ji shi,
ni na haƙa kabarin ubansa, ƙasar ta yi tauri,
har yau kafaɗata ba ta yafe ba.
Saurayin ya juya takardar gaba da baya,
babu layin rubuta kafaɗa.
Ya ce ya dangwala yatsa kawai.

Mai hoto ya ce kar in yi murmushi.
Dama ban zo da shi ba.

Sati biyar riɗin mutane na tafiya a motar wani.
Ran da katin ya fito na tsaya a ƙofa ina dubawa:
sunana ne, lambata ce,
amma Hamidu ne ke kallona,
da ramin kumatunsa, da idonsa na bayan la'asar.

Bayan ruwan farko, wani yaro ya yi sallama.
A kwata ya tsinta, ya ce, kusa da ma'auni.
Tsohon katin, ya jiƙe, gefe ya ɓare,
saurayin ciki yana nan da rigar da Dije ta wanke masa
shekarar da ba mu san za ta riga ni ba.

An ce wanda ya ga tsohon ya mayar ofis.
Zan mayar.
Na faɗa wa kaina haka ran Lahadi,
na sake faɗa ran Alhamis.

Yau da asuba na tayar da mota.
A shingen farko na miƙa tsohon mutumin, sabon kati,
aka ɗaga hannu, na wuce.
Yaron yana aljihun ƙirji, bai ce komai ba.