Abin da Tafinta Ya Rage

Sunansa Orin Talkot, amma a Dukku
Malam Sake-Faɗi ake ce masa,
don ba ya barin magana ta wuce sau ɗaya.
Ya zo da tsohuwar Landiroba mai tari,
da rakoda mai cin batir kamar gara,
da Hausar littafi, tsaf, ba gishiri.

Babana, Hammayo, shi ne bakinsa,
shi ne kunnensa wata goma sha huɗu.
Ni ke riƙe musu butar shayi.

Ya ce garinsu masara ce iyakar gani,
ubansa mai gyaran agogo ne,
shi ya sa ba ya yarda da “wani zamani”.
Wace shekara? Kafin fari ko bayansa?
Tsofaffi su yi dariya, su nuna tsamiya:
lokacin nan ba ta kai haka ba.
Sai ya tashi ya auna ta da igiya.

Littafi uku ya bari.
Na farko kan masu fito a kogunan ƙasarsu,
bayi ne, ya bi sunayensu a takardun ciniki
inda aka jera su tare da alfadarai.
Na biyu namu ne: hijira, rijiyoyi, jangali,
da yadda gari ke tashi ya bar kufai.
Na uku bai ƙare ba, ido ya ƙi,
daga baya hannu ma ya ƙi.

Bara ’yarsa ta aiko da kwali.
Kaset arba’in da biyu, da littafin,
da ’yar wasiƙa: ya rasu da kaka,
ya ce a mai da muryoyi gidansu.

Na aro rediyo a wurin Bappa Tela.
Zakara ya fara cara daga shekara hamsin baya,
sai tarin Inna Daso, sai babana,
yaro ɗanye, ya fi ni ƙuruciya yau.

A kaset na sha tara na tsinci ƙaya.
Inna Daso ta ce da Fulatanci, ba kwana:
“Kakan wannan tafintan naka gudu ya yi,
ya bar ƙannensa biyu a bakin Gongola.”
Shiru. Ana jin kuda.
Sai babana ya gyara murya ya ce:
“Ta ce sun yi ƙaura saboda ruwa.”

Haka yake a shafi na tamanin da bakwai.
Ƙaura saboda ruwa.
Ɗalibai sun haddace, sun ci jarrabawa da shi,
ni ma na koyar da shi a aji, da alli.

Mutumin da ya auna tsamiya da igiya,
ya ƙirga rijiya, ya tuhumi kowace shekara,
bai tuhumi wanda ke zuba masa shayi ba.
Ko kuwa ya ji shirun, ya gane,
ya bar wa abokinsa zanensa a ɗaure?
A gefen kaset ɗin, da fensir,
ya sa alamar tambaya ƙarama.

Duk sun tafi, ba mai sake faɗi.
Ga biro a hannuna, ga gefen shafi fari.
An kira magariba tun ɗazu,
ban rubuta ba, ban kuma rufe littafin ba.