Watan Abakaka

A Kusiri, bayan isha'i, in an ɗauke wuta,
yayana Abakaka kan shimfiɗa takardar buhun siminti
tsakanin matattun rediyoyin da aka kawo masa gyara,
ya ɗauki gawayi, ya ce mini, matso da fitilar.

Ya zana da'ira har ta fi ƙarfin takardar.
Wannan, in ji shi, Uwar Iska ce.
Ba ta da ƙasar da za a dasa ko ƙwayar gero.
Ka jefa dutse cikinta,
jikanka zai yi furfura dutsen bai taɓa komai ba.
Ratsi-ratsi ne jikinta kamar tabarma,
launin shayi, launin madara, launin tsatsa,
ga jan ido guda a kwiɓinta,
guguwa ce da ta girmi kakan kakanmu, ba ta taɓa zama ba.

Sai ya ɗiga ɗigo a gefenta, bai kai ƙwayar riɗi ba.
Kalfuri ke nan, wata ne, amma da mutane.
Na ce, wata ai a sama yake.
Ya ce, kai ma a sama kake, ba a dai gaya maka ba.

A Kalfuri rabin samaniya Uwar Iska ce,
ba ta fitowa, ba ta faɗuwa,
tana nan bisa kai kamar bashi.
Duk kwana tara takan haɗiye rana da azahar,
sai mata su fito da turame, su yi ta daka cikin duhu
don ranar ta ji, ta gane hanyar gida.
Tafkinsu na bin ta kamar ɗan akuya,
da safe ya hau har bakin zaure,
da yamma ya janye, ya bar kifi a dokin ƙofa.
Kifin can da wuta a cikinsa,
masunta ba su san kuɗin batir ba.
Kwale-kwalensu na fatar ƙwarya ne,
mai ƙarfin hali kan tuƙa har gaɓar iska
ya ɗebo guguwa a tulu, ya sayar wa maƙera.

Na tambaye shi, akwai 'yan kwastan a can?
Ya yi dariya har gawayin ya karye.

Shekarar da Logon ya shigo gari
ruwa ya kwana uku a shagon.
Rediyoyin suka sha suka ƙoshi.
Abakaka ya wanke hannu, ya ɗaure jaka,
ya haye gadar Ngeli da asuba,
wai arewa ana tono zinariya da cokali.
Ya kira sau biyu. Na biyun iska ce kawai a wayar,
na yi ta cewa ina jin ka, ina jin ka.

Damina huɗu ke nan.
Ni ina sayar da fetur a kwalabe bakin titi.
In rana ta karkata ta bi ta cikinsu,
launin nan nakan gani, shayi da tsatsa,
har mai babur ya yi mini tsawa, malam, lita ɗaya na ce.

Takardar tana nan ƙarƙashin katifata.
Ruwa ya cinye da'irar duka.
Ɗigon ne ya tsira, shi kaɗai a tsakiyar fari,
yana ta zagaya abin da babu.

Jiya 'yata Yagana ta gan shi, ta ce ƙuda ne ya ɓata.
Na ba ta labarin, na manta wasu wurare, na ƙara nawa.
Ta ce, to a Kalfuri waya tana shiga?
Kafin in amsa aka ɗauke wuta.
Can tsakar gida na ji Inna ta jawo turmi,
alhali tun la'asar aka gama tuwo.