Sunana a Ƙarshen Layi

Shekara talatin da ɗaya ina shiga akwatin talabijin,
ban taɓa zama ango ba.
Wani ke aure, ni in kawo goro.
Wani ke yanke hukunci, ni in daka tsawa, "Kotu!"
Wani ke mutuwa da dogon jawabi,
ni in riƙe fitila, in girgiza kai.

Na yi masinja, na yi maigadi,
na yi dillalin da ya sayar wa mutum uku gida ɗaya.
Na yi ɗan sanda da wandon aro
wanda bai kai mini idon sawu ba.
Sau tara ina kawu mai cin gadon marayu,
har wata tsohuwa a 'Yar Kutungu
ta hana ni daddawa da kuɗina,
ta ce, "Mayar wa yaran nan gonarsu tukuna."
Ranar miyar gidana lami,
amma ba a taɓa biya na kamar ranar ba.

Ba a makaranta na koya ba.
Ɗingishin nan na wani mai garuwa ne a Ƙofar Guga,
kwana uku ina bin sa kafin ƙafata ta yarda.
Tarin nan na Alhaji Tsalha mai goro ne,
wanda ke taso masa in an zo neman rance.
Dariyar da ke farawa ta hanci
ta wanzamin unguwarmu ce, Allah ya jiƙan sa,
har ya koma bai san na ɗauke ta ba.
Ɓarawo ne ni, in gaya muku gaskiya,
sai dai ba wanda ya wayi gari ya ga abinsa ya ragu.

Kyamara ɗaya gare mu, fitila biyu.
In wuta ta ɗauke, mu koma gindin bedi
muna tauna magana har la'asar ta yi sanyi.
Ba takarda. Darakta ya ce, "Kai ne mai bin bashi, shiga,"
sauran yana bakina.
Kuɗin aiki? Facin keke
da sabulun Saude, in wata ya yi kirki.

Daren Alhamis unguwa kan taru
a ƙofar gidan mai talabijin ɗaya tilo,
yara a ƙasa, manya a benci,
ni can baya, hula a ido,
ina kallon su suna kallo na.
In sunaye suka fara hawa, nawa ne na ƙarshe,
kafin ya iso an kashe, ana tattalin batir.
Sau ɗaya na gan shi: Mu'azu Gambarawa.
Sun ci harafi guda.

Bara na je neman kaset ɗinmu.
Yaron ofis ya buɗe mini sito:
gara ta ci kwalaye, yoyon damina ya ci wasu,
sauran an naɗi jawabin buɗe rijiya a kansu.
Ya ce, "Baba, sannu."
Na ce, "Ai ba komai."
Duk wasan da na yi a duniya
babu mai wuyar wannan ba komai ɗin.

Yanzu yara masu fim a waya kan zo,
suna neman tsohon da zai mutu a fitowar farko.
Na mutu musu sau goma sha ɗaya.
Na iya: a saki yatsu kafin ido,
a riƙe numfashi har a ce ya yi.
Sai in tashi, in kakkaɓe riga,
in karɓi kuɗin kurkura.

Jiya jikata Ummulkhairi ta ce,
"Kaka, to a cikinsu duka wanne ne kai?"
Na buɗe baki in ba ta amsa,
sai tarin Alhaji Tsalha ya riga ni fita.
Ta yi dariya,
ta hanci ta fara,
dariyar wanzamin da ya rasu tun ba a haifi uwarta ba.

Na ce, "Je ki ɗauko mini buta,
ga shi can an kira magariba."