Taku Tara

A filin makarantar Yelwa na yi guduna,
zamanin ƙafata ba ta san takalmi ba.
Yadi ɗari, daƙiƙa goma da ɗigo huɗu.
Na rataya lambar nan kamar laya,
ban bar kowa ya taɓa ta ba.

Jiya jikana Nomau ya shigo yana haki:
"Mita ɗari, sha ɗaya da ɗigo biyu!"
Na ce, "Yaro, ƙara cin tuwo,
ko ƙeyata ba ka hango ba."

Malam Barmo mai agogo ya tsuguna,
ya zana lissafi a ƙasa da tsinke.
Wai mita ta ɗara yadi da yatsu huɗu,
in ka tara ɗari, akwai taku tara
da ban taɓa gudunsu ba.

Ya ƙara mini su. Sha ɗaya da ɗigo uku.

Na ce ai ranar iskar kogi ta tokare ni.
Nomau dai bai tanka ba.

Da asuba na koma filin da sandata,
na ja layi, na taka su ɗaya ɗaya.
A na shida na tsaya,
gwiwa ba ta yarda ba.