Ƙwallon Baba Nitai

A rumfar babana, can ƙasan Birni,
inda warin jima ke riga baƙo sallama,
wani tsoho Ba'indiye ya zo ran Alhamis
da abu ƙunshe a tsohon mayafi.
Mun san shi, mai awon fatu ne a kamfani,
Baba Nitai, mai taka ƙasa kamar tana da ƙaya.

Ya kwance. Ƙwallo ce,
bakinta da igiya irin ta takalmi,
ta lotse kamar kabewar bara.
"Barma, ɗinke." Iyakar Hausarsa ke nan da safe.
Babana ya juya ta, ya shinshina, ya ce,
"Wannan saniya ta sha ruwa ta ƙoshi,
ba ta Damagaram ba ce."

Kwana uku ana ɗinki, kwana uku yana zuwa,
ya zauna bisa turmi, ya tuɓe takalmi.
Nan na ga ƙafar:
babban yatsa ya hau kan maƙwabcinsa,
farce biyu sun tafi ba su dawo ba.
Shekara sha ɗaya, in ji shi, yana gefen hagu
a Kalkata, cikin laka,
ba takalmi, sai tsumma a idon sawu.
Masu kallo har bisa itace,
wata rana reshe ya karye da mutum bakwai.
Lada? Kuɗin mota da kofin shayi.
Da aka ce dole a sa takalmi
ƙwallo ta daina gane shi.
Sai gwiwa ta ƙi. Sai ma'auni. Sai jirgi.

Ban yarda ba. Wa ke yarda da tsoho mai sanda?

Ran da aka hura ta, bayan duwatsu, da la'asar,
ya miƙo mini sandar.
Taku biyu, bugu ɗaya.
Ta nufi jakin mai ruwa,
ta sake shawara a sama,
ta kewaye shi, ta shige tsakanin duwatsunmu biyu.
Shi kuwa yana zaune a ƙasa,
dariya da tari na rige-rige.

Bai ɗauke ta ba.
Wata guda muka yi, ƙayar aduwa ta gama da ita.
Kamfanin ya rufe kafin damina.

Yau ni ke zaune a rumfar.
Ƴar fatar da nake ɗaurawa a tafin hannu
don tura basilla, daga jikinta aka yanko.
Har yanzu allura ba ta huda ta ba.