Mutumin Gefen Hoto

Gwangwanin fim ya iso da tsatsa a baki.
Na buɗe, wari ya tashi
irin na ruwan inabin da ya juya.
A murfi an rubuta da jan alƙalami:
"Valparaíso, tashar jiragen ruwa. Komai lafiya."

Soja suka ɗauka,
a shekarar da aka ɗinke bakin gari.
Ga jirage a jere, an wanke musu fuska,
ga tuta, ga 'yan makaranta da farar safa,
ga muryar mai sharhi, sumul kamar an shafa mata mai,
wai ƙasa ta kwana lafiya, ta tashi lafiya.

Muryar na fara yankewa.
Almakashi bai yi mini gardama ba.

Da shiru ya sauka sai hoton ya fara tari.
Na rage wa majigi gudu,
na bar tsakiya ga masu tsakiya,
na bi gefe, inda mai kyamara bai share ba.
Can ƙurya, bayan buhunan gari,
motar soja ta buɗe baya,
wani mutum, hannuwansa a ƙeya,
ya waiwayo.

Bai cika daƙiƙa ɗaya ba.
Wata bakwai na zauna a cikin daƙiƙar nan.
Na faɗaɗa fuskar har ta watse ta zama yashi,
na mayar da ita, ta dawo mutum.
Ashe akwai kusancin da ke makantarwa.

Na hau tudu, matakala ɗari da sittin,
na kai wa uwata.
Ta goge tabarau da bakin siket,
ta duba, ta sake dubawa.
"Eleodoro ba ya tsayuwa haka," in ji ta.
"Amma kunnen..."
Sai ta tashi ta ɗora ruwan shayi,
ta bar shi ya ƙone.

Ranar nuni, a tsohon ɗakin ajiyar kifi,
na haska shi a bangon da gishiri ya cinye.
Ba kiɗa. Ƙarar keken ɗinkinta kawai na sa,
wanda ya ciyar da mu bayan an tafi da shi.
Mutumin ya waiwayo, ya waiwayo, ya waiwayo,
ban bar ƙofar motar ta rufe ba ko sau ɗaya.

Wata tsohuwa, Fresia, ta dafa bango:
"Ɗana ne, ga tabon gira."
Wata daga baya ta ce a'a, mijinta ne Floridor,
ita ta saƙa rigar sanyin da hannunta.
Ta uku ba ta ce komai ba,
ta dai tsaya cikin hasken
har fuskarsa ta kwanta a ƙirjinta.

Wani matashi ya tambaye ni,
"To wane ne gaskiya?"
Na ce masa fim ɗin ƙarya aka yi shi domin ta,
gaskiyar kuskure ce ta shigo ta gefe,
ba ta zo da suna ba.

Uwata na kujerar ƙarshe, jaka a cinya.
Da aka kunna fitila ta ce,
"Maite, gobe ki ƙara rage gudun.
Kamar zai yi magana."